Man da ka tara da ƙafa, kada ka zubar da hannu

 Yau zancen mota za mu yi, da zancen caca. Wani zai ce, me ya haɗa su? Wani ɗalibina ne ya haɗa su, kuma tun ran da ya haɗa su abin yake damuna.

Direba ne. Yana jan mota tsakanin Maraɗi da Damagaram. Ya shigo ajinmu na yaƙi da jahilci a farkon shekarar 2025. Shekararsa talatin da ƴan kai, yana da mata ɗaya da ƴaƴa huɗu. Ba zan faɗi sunansa ba, don ya ce kada in faɗa, amma ya yarda in ba da labarin. Ran da ya zo, ya ce mini: "Malam, ni ba wasiƙa nika son rubutawa ba. Lissafi nika so. Mai na cinye ni, ban san inda yake zuwa ba."

Yana da gaskiya. Shekara da shekaru mu mutanen bakin iyaka ba mu san tsadar mai ba. Ruwa-ruwa na nan ko'ina cikin kwalabe da jarkoki, ana shigo da shi daga Najeriya, inda gwamnati ke biyan wani kaso na kuɗinsa. Ranar 29 ga watan Mayu 2023, sabon shugaban Najeriya, Bola Tinubu, ya ce an daina wannan tallafi. Cikin ƴan kwanaki kuɗin mai ya ninka can fiye da sau biyu. Ruwa-ruwa ya yi tsada, jama'a suka koma gidajen mai. Muna da matatar mai tamu, wato SORAZ, arewa da Damagaram, wadda aka buɗe a 2011. A watan Yuli 2024 gwamnati ta rage kuɗin litar isansi daga sefa 540 zuwa 499, wato dala ɗari ba tamma ɗaya. Duk da haka, a watan Maris 2025 mun ga dogon layi a gidajen mai, daga Yamai har nan. Wanda ya tsaya cikin wannan layi da rana tsaka ya san darajar lita ɗaya.

To, sai na ce ya sayo kaye da bik. Muka raba kowane shafi gida uku: rana, kilomita, lita. Dabarar ba ta da wuya. Ka cika tanki har baki. Ka rubuta lambar da ke agogon mota mai ƙirga kilomita. Ka yi tafiyarka. In ka dawo, ka sake cika tanki har baki, ka rubuta lita nawa ya sha, ka rubuta sabuwar lamba. Ka cire tsohuwar lamba daga sabuwa, ka san nisan da ka yi. Shi ke nan. Amma a gidan mai za ka yi wannan awo, don kwalbar bakin hanya ba kullum take cika lita ba.

Daga Maraɗi zuwa Damagaram wajen kilomita 235 ne. Zuwa da dawowa, 470. A watan farko, kayensa ya nuna motar tana shan lita 56 a kowane zuwa da dawowa. Wato kusan lita 12 a kilomita 100. Da ya ga lambar da hannunsa ya rubuta, sai ya yi shiru. Ya ce: "Ashe haka nika ƙone kuɗɗi?"

Ni ba direba ba ne. Ɗan babur gare ni, shi ma ya tsufa. Don haka na je wurin wani tsohon makanike na unguwarmu, na kuma karanta abin da masana suka rubuta. Abin da na samo na kawo aji, direbanmu ya gwada shi a hanya. Ga abin da muka gani.

Babban ɓarawon mai shi ne gudu. Ka taɓa miƙa hannu ta tagar mota tana tafiya? In tana tafiya a hankali, iska na shafa hannunka. In ta ɗauki gudu, iska na tura shi baya da ƙarfi. Haka iska ke tura motar duka, kuma da mai inji ke ture ta. Abin mamaki shi ne, turin iska ba ya ƙaruwa daidai da gudu. Ya fi gudu saurin ƙaruwa. In ka ninka gudu sau biyu, turin iska yana ninkawa sau huɗu. In ka tashi daga 90 ka koma 120, ka ƙara kashi ɗaya cikin uku na gudunka kawai, amma turin iska ya kusa ninkawa.

Me ka samu a madadin wannan? Mun yi lissafi a allo. Kilomita 235 a gudun 120, wajen awa biyu ne. A gudun 90, awa biyu da minti 37. Bambanci bai kai minti 40 ba. Kuma wannan a allo ne. A hanya akwai Cadawa, akwai Gazawa, akwai Tasawa, akwai Takeita. Akwai shingen jandarma, akwai amalanke, akwai garken shanu da ba ya jin oda. Babu mai riƙe 120 daga farko har ƙarshe. Abin da mai gudu ke yi shi ne ya taka wuta, ya taka birki, ya sake taka wuta. Yana isa tasha, kafin ya gama shan shayi, wanda ya bari a baya ya iso.

Wannan ba mu muka fara gane shi ba. A 1973 ƙasashen Larabawa masu arzikin mai suka tsuke wa Amurka bakin rijiya, mai ya yi wuya can. A farkon 1974 gwamnatinsu ta kafa doka: kada kowa ya wuce mil 55 a awa, wato kusan kilomita 90. Ƙasar da ta fi kowa motoci a lokacin, da ta shiga matsi, abin da ta yi ke nan, rage gudu. An sassauta dokar daga baya, aka soke ta a 1995. Amma iska ba ta san an soke doka ba. Tana nan tana tura mota yadda ta saba.

Bayan gudu, sai birki. Tsohon makaniken nan ya ce mini in taɓa ƙarfen taya bayan doguwar tafiya. Na taɓa, da zafi. Ya ce wannan zafi man da aka saya ne. Ka ƙone mai ka ba mota gudu, sannan ka taka birki ka mai da gudun zafi, iska ta kwashe. Ba ana cewa kada ka taka birki ba, a'a, rai ya fi mai. Ana cewa ka duba nesa. In ka hango shinge, ko kasuwar bakin hanya, ko tudun rage gudu, ɗaga ƙafarka tun da wuri, mota ta rage da kanta. In za ka tashi, tashi a hankali, ka canza giya da wuri, kada ka bar inji yana kuka. Ma'aikatar makamashi ta Amurka ta ce tuƙin fisga da birkin gaggawa na iya rage nisan da lita ke kai ka da kashi 15 zuwa 30 cikin 100 a babbar hanya. Cikin gari, inda ake tsayawa ana tashi, har kashi 40. Ƴan kabu-kabu, da ku nake. Babur ma haka yake.

Akwai wata ɗabi'a ta tasha da kowa ya sani. Mota saura mutum biyar ta cika, direba ya tayar da inji, yana taka totur, vum, vum, don fasinja su ɗauka yanzu za a tashi. Fasinja sun daɗe da gane wannan wayo. Babu wanda ake ruɗa sai aljihun direba. Mota a tsaye, inji na aiki, tana iya shan lita ɗaya zuwa biyu a awa, ba ta matsa ko taku ɗaya ba. Da safe ma, ba sai an bar ta rabin awa tana ɗumi ba. Ƙasarmu ba ƙasar ƙanƙara ba ce. Ɗan lokaci kaɗan ya isa, sai ka tashi a hankali, ta ƙarasa ɗumi tana tafiya.

Taya kuwa, in iskarta ta yi ƙasa, tana kwanciya a kwalta, mota na jan ta kamar mai tafiya cikin rairayi. Mai na tafiya, taya na cinyewa. A auna ta da safe kafin ta yi zafi, kuma da ma'auni. Bugun taya da ƙarfe a saurari ƙara, wannan ba awo ba ne. Yawancin motoci an rubuta lambar iskar da ta dace a jikin ƙofar direba. Ga wani amfanin karatu nan. Kada kuma a cika ta fiye da ƙima wai don tsimi, balle a zafin watan Afrilu. Sai matatar iska, wadda ƙurar hunturu ke toshewa, da buji, da juyen baƙin mai a kan lokaci. Tsohuwar mota mai karbureta, in matatarta ta toshe, mai take sha a madadin iska.

Kayan saman mota ma suna kama iska. Nan ban matsa masa ba. Buhu da katifa da akuya da ke bisa kariya, kuɗi ne aka biya, ba zai bar su ba. Abin da ya koya shi ne ya ɗaure su ƙasa-ƙasa, a kwance, ya rufe da tanti, kada ya gina hasumiya.

Abu guda na hana shi, kuma ina hana ku. Wasu direbobi in sun zo gangara sai su kashe inji, ko su cire giya, wai suna tsimin mai. Wannan wasa da rai ne. In inji ya mutu, birkin yawancin motoci yana yin tauri, sitiyari ma haka. Kuma motocin da suka zo bayan na karbureta, in ka ɗaga ƙafa ka bar su cikin giya, da kansu suke yanke mai. Ba ka tsimin komai, sai dai ka kusantar da mutum goma ga kabari.

Bayan wata biyu, kayen ya nuna lita 47 a zuwa da dawowa. Daga 56 zuwa 47, an rage lita 9. Ku ɗauki alli mu yi tare. Mu ce lita sefa 500. Lita 9, sefa 4.500 ke nan. Yana zuwa ya dawo sau 12 a wata. 4.500 sau 12, jika 54. A wata shida, jika 324. Mota ɗaya, hanya ɗaya, fasinja ɗaya. Ƙafar direba kawai ta canza.

Aji ya tashi da faɗuwar damina, amma yakan biyo gidana da dare mu duba kaye. Wani dare ya zo da fara'a. Ya ce bai taɓa kuɗin ba, duk ya ajiye su gefe. Na ji daɗi ƙwarai. Na ce, "Madalla, ƙanena. Taya za ka canza, ko rufin ɗaki?"

Ya yi dariya. Ya ce: "Malam, hutu za ni. Kwatano. In an gama kaka."

Yana saurayi ya yi zamanin ɗauko motoci daga Kwatano. Can ya taɓa ganin wani babban otel bakin teku, mai gidan caca a ciki. Fitilu, sanyi, mutane da tufafi masu kyau. A lokacin daga waje ya leƙa, ba ko sisi a aljihunsa. Abin ya zauna masa a rai shekara goma. Yanzu wani abokinsa da ke zaune can ya ce ya zo. Ya riga ya ɗinka sabuwar shadda. Ya riga ya zaɓi lambobin da zai sa: ranar haihuwar ɗansa na fari, da lambar motarsa. Har ya rubuta su a bayan kaye, da kyakkyawan rubutu, rubutun da ni na koya masa. Yana ba ni labari idonsa na ƙyalli. Ya ce in Allah ya ba shi sa'a, jika 324 za su zama miliyan uku, ya sayi mota tasa ta biyu.

Na ce, "Uwar yara ta sani?" Ya ce ta san zai je Kwatano.

Ƴan'uwa, bari in faɗi ra'ayina a fili. Ban ƙi hutunsa ba. Mutumin da ya shekara yana zaune bayan sitiyari, bayansa na ciwo, idonsa na yaji, ya cancanci ya huta. Mu talakawa mun ɗauka hutu na ma'aikatan gwamnati ne da Nasara. Ba haka ba ne. Ya je ya ga teku, ya ci kifi, ya yi barci har hantsi. In ya kashe jika 100 a haka, ya san abin da ya saya. Abin da na ƙi shi ne cacar. Hukuncinta a addini kowa ya sani. Alƙur'ani, a Suratul Ma'ida aya ta 90, ya haɗa ta da barasa ya ce a nisance su. Malamai sun fi ni sanin wannan fage, kuma shi ma ya sha jin wa'azi. Ni malamin lissafi ne a wurinsa, don haka da lissafi na yi masa magana.

Na zana masa faifan da ake juyawa a gidajen caca, wanda ake kira rulet. Yana da gurbi 37, daga 0 zuwa 36. Ana jefa ɗan ƙwallo, ya faɗa gurbi ɗaya. In ka sa jika ɗaya a lamba guda ta fito, za a ba ka jika 35, a mayar maka da jikarka. Jika 36 ke nan a hannunka. Da daɗin ji. To, a ce kana son ka tabbata ka ci. Sai ka sa jika ɗaya a kowace lamba, duka 37. Dole ɗaya ta fito. Ka ci! Nawa ka zuba? Jika 37. Nawa aka ba ka? Jika 36. Ina ɗayar? Tana aljihun mai gida.

Wannan jika ɗaya ita ce dukan sirrin. Mai gidan caca ba ya buƙatar ya yi maka maguɗi. Ba ya buƙatar boka. Tun wurin tsara wasan ya cire rabonsa: ɗaya cikin 37, wato kusan kashi 3 cikin 100 na duk abin da aka ɗora a tebur. A Amurka akwai faifai mai gurbi 38, rabon mai gida ya wuce kashi 5. Injunan da ake zuba musu kuɗi a danna, su ma an saita su ne su mayar da ƙasa da abin da suka haɗiye.

Sai ya ce, "Kashi uku ai ba yawa, Malam." Na ce, kai ne ka gaya mini lita 9 ba yawa, kafin mu ninka ta sau 12. Rabon mai gida ba sau ɗaya ake cire shi ba. Kowane juyi ake cirewa. A ce kana ɗora jika 10 a kowane juyi. Rabonsa sefa 270. A ce ana juyawa sau 40 a awa. 270 sau 40, sefa 10.800. Wato lita 21 da ɗoriya a awa ɗaya. Tsimin da ka yi a zuwa Damagaram da dawowa har sau biyu, duk haƙurin da ka yi da fasinja masu cewa "direba, taka mana", ya tafi kafin ka gama shan lemo. Wannan kuma matsakaici ne. Wanda ya ɗora jika 10 a lamba guda sau 32 a jere bai dace ba, jika 324 ɗinsa sun ƙare ke nan, awa ba ta cika ba. Kuma hakan na faruwa sosai, don lamba guda cikin 37 tana iya daɗewa ba ta fito ba.

Zai iya ci? Zai iya. Ba zan yi muku ƙarya ba. Akwai wanda ke shiga ya fito da riba a dare ɗaya. Amma wa ka taɓa gani ya ci ya tashi? Wanda ya ci yana cewa yau ranata ce, ya ƙara. Wanda aka cinye yana cewa bari in maido nawa, ya ƙara. Duka biyun suna zaune, kuma zaman shi mai gida ke so. Iyakar daɗewarka, iyakar kusantar lissafinsa ga gaskiya.

Ku dubi Las Begas ta Amurka. Cikin hamada take, a jihar Nebada, wadda ta halatta caca a 1931. Wuri ne mai ƙarancin ruwa kamar arewacin ƙasarmu. Yau ga manyan otel-otel, wasu da ɗaki dubbai. A shekarar 2023 mutum wajen miliyan 40 suka je can, da yawansu hutu irin wanda ɗalibina ke mafarki. A wannan shekara gidajen cacar jihar sun ci dolar Amurka miliyar 15 da rabi daga hannun masu wasa. Ba gero ake nomawa can ba. Da kuɗin baƙi aka yi ginin. Akwai kuma wata ƴar ƙaramar ƙasa kusa da Faransa, sunanta Monako, mai shahararren gidan caca na Monte Karlo. Dokar ƙasar ta hana ƴan ƙasa yin caca a cikinsa. Baƙo ya shiga, ɗan gida a'a. Mai tuwon da ya hana ƴaƴansa ci, ya ce baƙo ya ci, ai ka san akwai magana.

Kada wani ya ce wannan zancen masu zuwa Kwatano ne. Tana nan ƙofar gidanmu. Akwai rumfunan cacar dawaki, inda ake sayen tikiti a kan sukuwar da ake yi a Faransa. Akwai cacar ƙwallo cikin salula, wadda ta kama samarinmu. Nan dole in sunkuyar da kai. Ni ma na yi ta dawaki, kusan shekara biyu, ina sabon aure. Dala arba'in yau, dala arba'in gobe. Ina zama da takarda ina nazarin dawakin da ban taɓa gani ba, a garin da ban taɓa zuwa ba. Na ci sau biyu, ƙananan kuɗi, na ba kowa labari. Asarar kuwa ban ba kowa labarinta ba, ko kaina, don ban rubuta ba. Sai daga baya na yi lissafi. In dawaki 16 suka fita, hanyoyin da na ɗaya da na biyu da na uku za su iya jeruwa 3.360 ne: 16 sau 15 sau 14. Gaskiya ne wani doki ya fi wani, amma kowa ya san wannan, kuma in dokin da kowa ya zaɓa ya ci, da mutane da yawa za ka raba. Kafin ma a raba, masu shirya wasan sun cire kasonsu daga kuɗin da aka tara. Matata ce ta tsayar da ni. Ta tara tsofaffin tikitin da take samu a aljihuna in za ta yi wanki, ta zube mini su a tabarma wata rana. Ba ta ce komai ba.

Na ba ɗalibina wannan labari. Sai ya kawo hujjarsa ta ƙarshe, wadda ta fi sauran ƙarfi. Ya ce: "Malam, kuɗɗin ga ai tsintuwa na. Da ban koyi tuƙin ga ba, da sun ƙone cikin inji. In sun tafi, ban rasa komi ba."

Na daɗe ina tunanin wannan magana, don da yawa muna yin ta. Kuɗin da ya zo ta hanyar da ba mu saba ba, sai mu riƙa ganinsa kamar ba kuɗi ba. Amma je ka kasuwa da jika goma ta tsimin mai, da jika goma ta gumi. Mai gero zai bambanta su? Kuma wa ya ce tsintuwa ce? Wata shida yana tashi da asuba yana auna taya. Wata shida abokansa na wuce shi a hanya suna yi masa oda, suna kiransa tsoho. Ya zauna aji da dare bayan tafiyar kilomita 470, yana koyon ninkawa yana gyangyaɗi. In wannan ba gumi ba ne, ban san gumi ba.

Sannan kuɗin suna da masu jira. Tayoyinsa biyu na baya sun yi sanƙo, ni na gani da idona. Taya mai sanƙo, da mutum tara cikin mota, a kwaltar da ta sha rana. Ɗansa na fari zai shiga kwaleji. Farashin gero kuwa, kowa ya san yadda yake hawa daga bazara zuwa tsakiyar damina. Wanda ya sayi buhu da kaka ya ajiye, ya san ribarsa tun kafin ya saya, ba sai faifai ya juya ba.

Ban ce masa kada ya je Kwatano ba. Ba ni da wannan iko, ba ɗana ba ne, magidanci ne. Na ce ya je da uwar yara, ita ma ba ta taɓa ganin teku ba. Na ce ya canza taya kafin ya tafi. Na ce in shaiɗan ya rinjaye shi har ya shiga wurin nan, to ya shiga da kayensa, ya raba shafi gida uku kamar yadda muka saba: lokaci, abin da na ɗora, abin da aka ba ni. Ya rubuta kowane juyi. Ya yi dariya ya ce za su ɗauke shi mahaukaci. Na ce masu gidan suna rubuta nasu, ba wanda ya ce da su mahaukata.

Kafin ya tafi na ba shi aikin gida. Na ce ya yanka takarda 37, ya rubuta 0 zuwa 36, ya zuba cikin hula. Ya ɗebo tsakuwa 324, kowace ɗaya jika ce. Ɗansa ya zama mai gida, yana jan takarda yana mayarwa. Su yi wasan dare uku, ya rubuta sakamako. Kwana huɗu bayan haka ya dawo. Daren farko ya ci, tsakuwarsa ta haura 500. Dare na biyu ta sauko. Dare na uku yaron ya kwashe duka, har yana tambaya ko akwai wasu.

Ya ce mini, "Tsakuwa ce ai, Malam. Ba ta san ranar haihuwar ɗana ba." Muka yi dariya tare, amma tasa ba ta kai ciki ba.

Shekaranjiya na bi ta tasha. Na same shi zaune a inuwa, inji a kashe, saura mutum uku mota ta cika. Taya ɗaya ta baya sabuwa ce, ɗayar tana nan yadda take. Kaye na leƙowa daga aljihun rigarsa. Bai ce mini ya fasa ba, ni ma ban tambaye shi ba. Ya dai tambaye ni nawa ne kuɗin mota zuwa Gaya in mutum biyu ne.